Miliyan huɗu a lasifika, dubu ɗari shida a jaka

Ranar Asabar da ta wuce, bayan La'asar, ina zaure ina duba takardun jarrabawar ɗalibaina, sai ga ɗan ƙanwata ya yi sallama, waya a hannu, da fara'a irin ta wanda ya riga ya yanke shawara, sa hannu kawai ya zo nema. Ya durƙusa ya gaishe ni, na nuna masa kujera ya ƙi, ya raɓa gefen tabarma.

"Kawu, shawara ag gare ni."

Na ce ina jin ka.

Shi da abokansa da suka gama jami'a tare, su goma sha wani abu, sun kafa ƙungiya. So suke su shirya gagarumin wasan mawaƙa a filin wasa na Giginya, a ɗauko manyan mawaƙa daga Kano da Kaduna, har da na Legas in da hali, a sayar da tikiti, a gayyato masu hannu da shuni, abin da aka tara a yaƙi talauci da shi a Jihar Sakkwato. Ya miƙo mini wayar in ga irin wanda ƙungiyar Global Citizen ta yi a Akara, babban birnin Gana, a 2022. Dandali cike maƙil, fitilu kamar an hana rana faɗuwa.

"Kai mu ka so ka riƙa muna jikka, Kawu. Inna ta ce kun taɓa yin irinai."

Innarsa ba ta yi ƙarya ba, sai dai rabin labarin ta sani. Na tashi na shiga cikin gida, na jawo akwatin ƙarfen da ke ƙarƙashin gado, na zaro wani littafi mai shuɗin bango da gara ta ɗan lasa a gefe. Ni malamin lissafi ne, kuma a garin nan duk ƙungiyar da malamin lissafi ya shiga shi ake rataya wa jaka, ko ya so ko ya ƙi. Littafin nan shi ne abin da ya rage mini na wasan da muka yi a 2010.

Duk wanda ke Sakkwato a shekarar ba sai an tuna masa ba. A watan Satumba, daidai ƙaramar Sallah, ruwa ya taho daga wajen madatsar Goronyo ya bi Gulbin Rima, ya kwashe ƙauyuka da gonaki da rumbuna, gero ya nuna ana shirin yanka. Hanyar jami'a ta yanke wajen Kwalkwalawa, sai da kwalekwale ake ƙetarawa. Mutanen da jiya suke da gida da awaki suka wayi gari cikin azuzuwan firamare, da tabarma ɗaya da kwanon sha.

Mu a unguwa muna da ƙungiyar samari, ko da yake rabinmu mun wuce samarin. Muka zauna a ƙofar gidan shugabanmu ana ta me za a yi. Sakatarenmu, mutum mai yawan karance-karance da sauraron BBC, shi ya kawo zancen Live Aid. Ya ba mu labarin yadda wani mawaƙi ɗan ƙasar Ailan, Bob Geldof, ya ga rahoton talabijin kan yunwar Habasha a watan Oktoban 1984, abin ya hana shi barci, shi da abokinsa Midge Ure suka tara mawaƙan duniya. Ranar 13 ga Yulin 1985 aka yi wasan a wuri biyu lokaci guda, filin Wembley na Landan da wani fili a Filadelfiya ta Amurka, ana haskawa ta tauraron ɗan Adam. Mutum 72,000 a Wembley kaɗai, masu kallo a gidajensu fiye da biliyan ɗaya, kuɗin da aka ce an tara daga baya wajen fam miliyan 150. Da ya faɗi kuɗin sai da wani ya ce a maimaita.

Ni ban ga Live Aid ba lokacin da aka yi shi, ina firamare, kuma babu talabijin a gidanmu. Abin da na riƙe na waɗannan shekarun shi ne baƙin da ke shigowa gari daga arewa da ƙorai a hannu, don farin da ya ci Habasha bai bar mu ba, bai bar Nijar ba. Har yau tsofaffin can suna kiran yunwar 1984 da sunan shugaban Najeriya na lokacin, saboda ta zo daidai da rufe iyaka. Babu wanda ya yi musu wasa a Wembley. Amma ranar da sakatare ke ba da labari ban kawo wannan a raina ba. Fam miliyan 150 nake juyawa zuwa naira a ka.

Muka tsayar da rana, kwana uku bayan babbar Sallah, tsakiyar Nuwamba, lokacin da mutane ke gida kuma sanyi ya fara saukowa.

Cikas na farko daga masallaci ya zo, kuma da ma mun san za a rina. Nan birnin Shehu ne. Limamin unguwarmu, dattijo mai sanyin magana, ya aika a kira ni bayan Isha'i.

"Malam, na ji an ce sadaka za ku yi da ganga."

Na ce, "Allah shi gafarta Malam, taimako ne ga waɗanda ruwa ya ci."

Ya ce ya sani. Ya karanto mini aya ta 271 cikin Baƙara, inda aka ce in an bayyana sadaka ya yi kyau, in an ɓoye ta aka kai wa matalauta ya fi alheri. Sannan ya ce shi bai kira ni don ya hana mu ba, tunda ba a hannunsa hanin yake ba, amma abu biyu yake roƙo: a raba wurin zaman maza da na mata, kuma a tashi kafin dare ya raba. Har na miƙe ya ƙara da cewa, "Wanda duk ya ba da don a ji sunanai, ya riga ya amshi ladanai ga lasihika. Kak ku yi mamaki in ya hana ku sauran." Na ɗauka wa'azi ne irin na malamai. Ashe lissafi yake koya wa malamin lissafi.

Ba mu iya kama babban fili ba, sai muka samu wani fili mai katanga a cikin gari. Muka buga fosta, muka kai sanarwa gidan rediyo ana karantawa safe da yamma har kwana goma. Mawaƙa uku daga Kano suka yarda za su zo kyauta, da makaɗan gargajiya ƙungiya biyu na nan gida. Kalmar nan "kyauta" ina so duk mai shirin irin wannan taro ya tsaya ya dube ta da kyau. Mawaƙin bai karɓi ko sisi na waƙarsa ba, gaskiya ne. Amma ba shi kaɗai yake tafiya ba. Akwai mai kiɗan fiyano, da 'yan amshi, da yaran da ke ɗaukar jaka, da wani wanda har yau ban san aikinsa ba sai dai ya fi kowa cin nama. Mota biyu, mai zuwa da komawa, masauki kwana biyu, abinci. Duk a kanmu.

Daren wasan kuwa, tsakani da Allah, ya yi kyau. Ba zan rage masa komai ba. Tun bayan Magariba layi ya kai bakin titi. Masu tsire da masu shayi da 'yan kabu-kabu suka yi cinikin da suka daɗe ba su yi ba. Ina zaune bakin ƙofa kan benci da ƙaramin akwati tsakanin ƙafafuna, ina yaga tikiti, hannuna har ya yi baƙi da tawada da dattin kuɗi. Da makaɗan gida suka saki kotso, na ga tsofaffin da suka ce leƙowa kawai za su yi sun gyara zama. Janareto ya mutu sau biyu. A na biyun mawaƙin bai tsaya ba, ya ci gaba da baki, fili duka ya karɓa masa cikin duhu, fitilun wayoyi suna ta walƙiya. Tsigar jikina ta tashi. A wannan minti biyar ɗin, da ka ce mini za mu sake gina ƙauyukan nan kaf, da na yarda.

Sai aka zo ƙaddamar da gidauniya. Ku tuna lokacin: zaɓen 2011 ya ƙarato, ana gab da zaɓen fid da gwani, duk mai son kujera yana neman inda jama'a ta taru. Babban teburi ya cika da manyan riguna. Mun ɗauko sanƙira mai murya kamar tsawa, in mutum ya raɗa masa adadi sai ya juya ya kwarara kirari, ya ja sunan kakanni, sannan ya saki kuɗin. Dubu ɗari biyu! Fili ya ɗauki tafi. Na kusa da shi ya ga ba zai yiwu a fi shi ba. Dubu ɗari uku! Haka aka yi ta hawa har wani Alhaji mai neman takara ya miƙe da kansa, ya karɓi makirufo, ya yi magana kan tausayi har muryarsa na rawa, ya ce naira miliyan ɗaya. Mata suka rangaɗa guɗa. Ni kuma ina rubutawa, hannu na ɓari.

Rigimar farko tun kafin a kwashe kujeru ta tashi, kan kuɗin liƙi. Mu a tunaninmu duk abin da ya faɗi ƙasa a filin nan na gidauniya ne. Yaran mawaƙa kuwa tuni sun tattare sun cusa a buhu. Babbansu ya ce mini, cikin ladabi amma ba wasa a idonsa, "Malam, waƙa mun ba ku sadaka. Liƙi kuwa tun kakanni na mai waƙa ne, goshinsa aka manna wa." Na rasa amsa, don gaskiyarsa. Ba mu yi wannan magana da su tun farko ba, kuma ba a fafe gora ranar tafiya. Suka tafi da buhunsu.

Na buɗe wa ɗan ƙanwata shafin da na yi jimla washegari, na ce ya karanta da ƙarfi.

Tikitin naira 200, mun sayar da 1,140. Na kujera, naira 1,000, guda 85. Kuɗin ƙofa ke nan 313,000. Abin da muka kashe: kayan sauti 70,000, janareto da man dizal 38,000, rumfuna da kujeru 45,000, fili 30,000, masu tsaro 25,000, fosta da rediyo 27,000, motar mawaƙa da masaukinsu da cinsu 90,000. Jimla 325,000.

Ya ɗago kai. "Kawu, hwaɗuwa kunka yi?"

Da naira 12,000. Mutum fiye da dubu sun biya sun shigo, an yi kiɗa an yi rawa, kuma ko ƙwayar gero ɗaya kuɗin ƙofa bai saya wa kowa ba. Wasan ya ci kansa, har ya ciji gefen aljihunmu.

Shafi na gaba shi ne na alkawura: naira 4,350,000. Abin da aka ba mu a hannu a daren, 260,000. Saura sai a biyo.

Wata huɗu na yi ina biyowa. Babur ɗina ya san ƙofar gidan kowane babban mutum daga Gawon Nama zuwa Mabera. In na tashi makaranta ƙarfe biyu, sai in ɗauki takardar tuni in fara zagaye cikin rana. Akwai waɗanda suka cika ba tare da na je sau biyu ba, Allah ya saka musu, kuma galibinsu masu ƙananan alkawura ne, dubu goma, dubu ashirin. Wani ya ba da rabi ya ce sauran sai ya sayar da albasa. Wani ya rantse bai ce dubu ɗari biyu ba, sanƙira ne ya ƙara masa. Gidan mai miliyan kuwa sau goma sha ɗaya na je, na rubuta kowace rana a bayan littafin. Har muka saba da maigadinsa, in ya hango ni sai ya jawo mini benci ya zuba mini shayi.

"Malam, yau ma ba shi nan. Ya tahi Habuja."

Wata rana ina zaune ina shan shayin motarsa ta fito, gilashi a rufe, maigadin ya kau da kai kamar bai gani ba, ni ma na taya shi. Da aka yi zaɓen fid da gwani bai samu ba, sai na ji nauyin komawa, kamar mai zuwa bin bashi gidan makoki. Zuwa na ƙarshe yaronsa ya fito da ambulan, naira 50,000, ya ce Alhaji ya ce a yi haƙuri da yanayi.

Duk abin da na tattaro a wata huɗun 410,000 ne. A haɗa da na daren, a cire gibin ƙofa, 658,000 ta rage a jaka. Mutanen gari kuwa miliyan huɗu suka ji da kunnensu. Wannan shi ne abin da ya fi yi mini ciwo, kuma shi ne ban taɓa gaya wa ƙanwata ba. Sai da aka daɗe ana nuna ni da baki. Na yi wa ɗakina sabon rufi a shekarar, da bashin da na ci a makaranta, wani ya ce ai kwanon 'yan ambaliya ne. Mai ɗakina ta dawo daga gidan suna tana kuka. Ranar na yi rantsuwa ba ni ba jakar kowa.

Da nan labarin ya tsaya, da na ce wa yaron nan ya je ya nemi aikin yi. Amma akwai wasu shafuka a bayan littafin, kuma saboda su ne ban ƙone shi ba.

Kwana biyu bayan wasa wani yaro ya zo makaranta ya ce ana nemana a kasuwa. Na je na tarar da wani dattijo mai sayar da hatsi, zaune kan buhu da carbi, irin mutanen da ko rediyo suka ji an sa kiɗa sai su rage murya.

"Ni ba ni zuwa wurin kiɗi," in ji shi. "Amma na ji sanarwakku ga rediyo. Ku turo mota. Sharaɗi guda, kak ku hwaɗi sunana."

Buhu ashirin na gero. Ko a littafin "wani bawan Allah" na rubuta. Bayan shi sai abin ya zama kamar an buɗe famfo. Matan aure da ba su fita ba, ba su ga wasa ba, suka riƙa aiko yara gidan shugabanmu: tiya biyu ta dawa, tsofaffin zannuwa a wanke a ninke, tukunya, tabarma, sabulu. Wata tsohuwa ta aiko da bargo ɗaya da saƙon cewa sanyi na tafe. Wani tela ya ɗinka rigunan yara talatin da ragowar yadi. Da na kimanta abin da ya shigo ta wannan hanya, ya kusa kamo kuɗin da manyan riguna suka bayar. Kuma duk cikinsu babu wanda ya san da mu kafin sanarwar wasan. Gangar da suka ƙi zuwa saurare ita ta gaya musu ƙofar da za su kai.

Kai kayan ma wani aiki ne da ba mu sa a lissafi ba. Mota ta kai mu inda hanya ta ƙare, aka sauke, aka ɗora wa amalanken shanu, wani wurin aka sa a kwalekwale. Daga baya na karanta cewa su Geldof ma sun sha wannan: sai da suka yi hayar jiragen ruwa suka sayi manyan motoci, don abinci na iya tsayawa a tashar jirgi mutane na mutuwa a tudu. Nasu ma ya fi namu muni, tunda yunwar Habasha ba fari kaɗai ya kawo ta ba, akwai yaƙi, akwai gwamnatin Mengistu da ke kwashe mutane daga garuruwansu da ƙarfi, har ta kori ƙungiyar likitocin Faransa ta MSF a ƙarshen 1985 don sun yi magana. Mai riƙe da jita a Landan bai san wannan ba ranar da yake waƙa.

A wata makarantar firamare gabas da Wurno muka yi rabon farko. Muna auna gero ana ta godiya, sai wani tsoho ya ja hannun rigata zuwa gefe. Siriri ne, ƙafafunsa sun tsattsage da kaushi, hularsa ta koɗe har ba a gane launinta.

"Malam, mun gode, Allah shi saka. Amma hatsin ga in munka ci ya ƙare." Ya nuna yamma da haɓa. "Hwadama na nan. Ruwa ya bar muna laka mai kyau. Inji na ba mu da, ruwa ya tahi da shi."

Na ce, "Baba, inji nawa zai ishe ku?"

Ya ce ko ɗaya aka samu, mutum biyar sa yi karɓa-karɓa.

Mu da muka zauna a birni muka yanke cewa abinci da bargo suke buƙata, babu wanda ya tambaye su. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Muka koma muka sake zama, aka yi gardama sosai, don wasu na ganin hoton rabon buhu ya fi shiga ido. A ƙarshe kuɗin da ke shigowa daga bin alkawura muka sayi injin ban ruwa tara da tiyo da irin albasa, aka raba wa manoma rukuni-rukuni. Da bazara tsohon nan ya aiko mini da albasa rabin buhu har makaranta. Biyu daga cikin injinan an sayar da su kafin shekara ta zagayo, wannan ma yana rubuce.

Na rufe littafin na ce wa ɗan ƙanwata ya ba ni biro. Na tambaye shi nawa suke sa ran tarawa. Ya ce in Allah ya yarda miliyan ɗari. Na ce to, mu ɗauka kun tara, kuma babu mai gudu da alkawari. Ƙidayar 2006 ta ce mutanen jihar nan miliyan 3.7 ne, yanzu an fi haka nesa ba kusa ba, amma mu bar shi a haka. Rahoton Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa na 2019 ya ce kashi 87.73 cikin ɗari na mutanen Sakkwato suna ƙasa da layin talauci, wato ba sa iya kashe naira 137,430 a shekara, kuma mu ne kan gaba a ƙasar. Mutum miliyan uku da dubu ɗari biyu ke nan da 'yan kai. Raba miliyan ɗari.

Ya danna waya. "Naira talatin da ɗaya."

Na ce ko ƙosai ba ta saya maka yanzu.

Ambaliya tana da rana, tana da ƙauyukan da za ka ƙirga, tana da ƙarshe. Irin wannan wasa na iya yi mata wani abu. Talaucin da yake magana a kai kuwa ya haɗa da manomin Sabon Birni da Isa da ɗan bindiga ya hana shi zuwa gona, da yaron da bai taɓa shiga aji ba, da asibitin da babu magani, da hamada da ke cin ƙasa ta arewa. Wanne daga ciki tikiti zai saya?

Ya yi shiru, sannan ya ce, "To Kawu, su Turawan da sunka yi, wauta sunka yi?"

A'a. Su ma sun gano abin da na gano, sai dai su shekara ashirin ta ɗauke su. Da Geldof ya sake tara mawaƙa ranar 2 ga Yulin 2005, wasan da aka kira Live 8, bai nemi kuɗin kowa ba. An shirya shi ne kwanaki kaɗan kafin shugabannin ƙasashe takwas masu ƙarfin arziki su zauna a Gleneagles ta Sikotlan, don a tara musu idon duniya. A taron suka yi alkawarin ƙara wa Afirka tallafin dala biliyan 25 a shekara kafin 2010. Da 2010 ta zo, ko rabi bai cika ba. Da na karanta haka sai da na yi dariya ni kaɗai, na ce ashe su ma suna da maigadi mai ba da shayi. An amince a yafe wa ƙasashe 18 bashi a shekarar, galibinsu na Afirka, amma an cim ma wannan tun a watan Yuni, bayan shekaru ana matsa lamba. Sannan an soki wasan da cewa ana waƙa don Afirka babu 'yan Afirka a babban dandalin Landan sai ɗaiɗai, har sai da aka shirya musu nasu daban a Kwanwal, can kudu maso yammacin Ingila. Tsohon nan na Wurno ya faɗo mini a rai: a yi taro dominka, ba a tambaye ka ba.

Mu kuwa ba Bature ya koya mana haɗa kiɗa da taimako ba. Muna da ajo, inda ake kafa kiɗa don a tara wa wanda zai yi aure ko wanda asara ta faɗa wa, kuma kowa a wurin ya san shi, ya san abin da za a yi da kuɗin. Muna da gayya. Na taso na ga ana yi a ƙauyen kakannina: mai gangar noma yana bin bayan samari kunya-kunya, yana zuga wannan yana yi wa wancan zambo, gonar da za ta ci mutum ɗaya sati biyu a gama ta kafin Azahar. Amma a gonar ake kiɗan, kuma duk wanda ake kiɗa wa da fartanya a hannunsa. Namu na 2010 mun kafa gangar a birni, gonar tana bayan gulbi.

Na gaya masa in suna son in ko duba musu littafi, ba riƙe jaka ba, ga abin da zan gani tukuna. Su cire kalmar talauci daga fostarsu su sa abu ɗaya mai suna da adadi, ko rijiyar burtsatse ce a ƙauye kaza, ko injin ban ruwa hamsin, kuma mutanen wurin su suka faɗa da bakinsu. Su yi rajista da CAC, hukumar rajistar kamfanoni da ƙungiyoyi, su buɗe asusun banki da sa hannun mutum uku kafin a buga fosta ɗaya. Wannan ba ƙa'idar banza ba ce: wasan da George Harrison da Ravi Shankar suka yi wa 'yan gudun hijirar Bangaladash a Niyok a 1971, kuɗin faifansa sun yi shekaru maƙale a hannun hukumar harajin Amurka saboda ba a yi masa rajistar agaji tun farko ba. Su sami wanda zai ɗauki nauyin sauti da janareto da masauki kafin ranar, don kuɗin ƙofa ya fita da ransa. A yi maganar liƙi da mawaƙa a rubuce. Su je su gaida Hukumar Zakka da Waƙafi ta jiha, su ji yadda suke tantance mabuƙata, kada su ɗauka su suka fara. Sanƙira kuma kada ya kira adadin kowa sai ma'aji ya ɗaga masa hannu cewa kuɗin sun shigo. Yanzu da ake tura kuɗi ta waya, mai miliyan ya tura yana tsaye, a yi masa guɗarsa da hujja.

"Kawu, in munka yi hakanga manya ba su zuwa."

Na ce wasu ba za su zo ba. Ka rage kujerun haya.

Ya yi dariya, amma na ga jikinsa ya yi sanyi, har na ji ba daɗi, don ni ma na taɓa shiga zauren wani da irin fara'ar da ya shigo da ita. Ya roƙi in bar shi ya ɗauki hoton shafukan ya nuna wa abokansa. Na ce ya ɗauka, ban da shafin sunaye. Yana ɗauka ya tsaya kan jerin ranaku goma sha ɗayan nan.

"Shi wanga mai miliyan, shina da rai?"

Yana nan. Ko watan jiya mun haɗu wurin ɗaurin aure a Runjin Sambo. Ya kama hannuna da hannu biyu, ya daɗe bai saki ba, ya ce, "Malam, kai ba ka neman mutane."

Sun ce za su zo su duka ranar Asabar mai zuwa bayan La'asar. Na ce kowa ya taho da biro, kuma wani ya biya gidan mai ya tambayo nawa ake sayar da litar dizal.